Fitilar gaba ta sunkuya ko tana kashe wa mutane ido: yadda ake gano matsalar sensar daidaita haske da canza ta

Da yawa daga cikin motocin da ake shigowa da su ta Kwatano ko Legas, musamman Lexus, Mercedes, BMW, Audi da Volkswagen masu farar fitilar nan ta zenon, suna da wata ƙaramar na'ura a ƙarƙashinsu wadda mai mota kan yi shekaru bai san da zamanta ba. Sai ranar da ta lalace. Ko dai fitilar ta sunkuya ta koma haska taku goma kacal a gaban bamba, ko ta ɗaga kai sama ta yadda duk wanda ya taho sai ya watso maka ful layit don haushi, alhali kai a dim kake.

Abin da aka saba yi shi ne a kai wa mai wayarin, ya buɗe bonet, ya sa sukudireba ya murɗa sukurun da ke bayan fitila har haske ya dawo daidai, ya ce, "Alhaji, ai shi ke nan." Ba shi ke nan ba ne. An rufe ciwon ne kawai, kuma ranar da aka gyara ainihin matsalar sai an sake warware wannan murɗin. Asalin aikin a ƙarƙashin mota yake, kusa da taya.

Abin da sensar ke yi

In aka loda wa but buhunan hatsi, ko mutum uku suka zauna a baya, bayan mota kan zauna, gabanta ya ɗaga. Kamar mai riƙe da tocila ne a ƙirji: in ya jingina baya, hasken ya bar ƙasa ya koma fuskar mutane. Da fitilar halojin ta da, abin da sauƙi. Amma kwan zenon mai wat 35 yana ba da haske kusan lumen 3,200 (lumen shi ne ma'aunin yawan haske), ninki biyu ko fiye na kwan halojin, shi ya sa dokar motoci ta Turai ta wajabta cewa duk fitilar dim da ta haura lumen 2,000 sai an haɗa ta da abin da zai daidaita ta da kansa. BMW ce ta fara fito da zenon a 1991 a babbar motarta 7 Series, daga nan sauran suka bi. A Amurka doka ba ta tilasta wannan ba, don haka za ka iya samun 'yar Amurka mai zenon amma babu sensa ko ɗaya.

Sensar kanta ba ta wuce girman kwalin ashana biyu ba. Jikinta a ɗaure yake da ƙarfen mota, tana da ɗan hannu mai juyawa, shi kuma hannun an haɗa shi da lowa-am (ƙarfen ƙasa da ke haɗa taya da jikin mota) ko ƙarfen aksul ta wata siririyar sandar haɗi mai gwiwa a kowane ƙarshe. Mota ta zauna, hannu ya juya. Mota ta ɗaga, ya juya ɗaya ɓangaren. Sensa ta aika wa kwamfutar fitila saƙo, ita kuma ta umarci ƙananan injuna biyu da ke cikin fitilun su sunkuyar da haske ko su ɗaga shi. Wasu motocin sensa ɗaya gare su a baya, wasu biyu, gaba da baya, galibi a gefe guda.

Kafin ka wahalar da kanka, duba gefen sitiyari. In akwai ɗan gare mai lambobi 0, 1, 2, 3 da hoton fitila, to motarka da hannu ake daidaita ta, ba ta da wannan sensar. Wataƙila ma yaro ne ya murza shi zuwa 3.

Fara da bango

Da dare, ko cikin inuwa mai duhu, tsayar da mota a fili mai daidai tana fuskantar bango. Kunna ta, kunna dim, ka zuba wa bangon ido. A yawancin waɗannan motocin hasken kan yi ƙasa sannan ya dawo sama cikin daƙiƙu kaɗan. Gwajin kai ne da kwamfutar ke yi, kuma yana gaya maka abu da yawa.

In fitilu biyun suka motsa tare amma suka tsaya a wurin da bai dace ba, injunan cikin fitila lafiyarsu ƙalau, zargi ya koma kan sensa. In ɗaya ta motsa ɗaya ta ƙi, bar maganar sensa gaba ɗaya: saƙon sensa iri ɗaya ne ke zuwa musu tare, ba zai yi wa hagu ƙarya ya gaya wa dama gaskiya ba. Matsalar tana cikin wannan fitilar, ko injinta ya mutu ko sandarsa ta fita daga gurbinta, abin da kan faru bayan mota ta ɗan yi karo an yi mata aikin fanel. In kuwa babu wadda ta motsa, fara da fis da wayoyin kwamfutar fitila.

Sai gwaji na biyu. Sa alli ka yi layi a inda hasken ya yanke a bango, ka sa mutum biyu ko uku su shiga baya mota tana kunne. Layin haske zai hau, sannan ya sauko kusa da inda yake. Ka ba shi ɗan lokaci, don wasu motocin ba sa gaggawa. In ya hau ya zauna can, saƙo ba ya zuwa daga ƙasa.

Dashbod ma kan yi magana. A Lexus da Toyota masu fitila mai bin kwana, rubutun AFS OFF ne zai riƙa ƙyaftawa. A na Jamus kuma hoton fitila mai ruwan ɗorawa ko rubutun gargaɗi ne zai fito. Ƙaramar sikanar nan mai arha da ake sokawa ƙarƙashin sitiyari injin kawai take karantawa, za ta ce maka babu komai. Sai wadda ke shiga kwamfutocin jikin mota: Techstream ga Toyota da Lexus, VCDS ga Volkswagen da Audi, ko babbar sikana ta gareji. A Toyota da Lexus lambar B2416 tana nufin sensar tsayin mota. A Volkswagen da Audi ana kiran ta baya G76, ta gaba G78, lambar 01539 kuma cewa take ba a saita fitilu ba. Amma ka riƙe wannan: lamba tana nuna layin da matsala take ne, ba ta ce a je a sayi sabuwar sensa ba.

Shiga ƙarƙashin mota

Nan ne ya kamata ka ɓata lokaci, don a ganina yawancin abin a nan yake ƙarewa ba tare da an taɓa mitar auna wuta ba.

Ramin gareji ko tudun wurin wankin mota ya fi jak, domin nauyin mota yana kan tayoyinta, za ka ga hannun sensar a yadda yake zaune a hanya. In dole sai da jak, sa ƙafar ƙarfe ta tallafi, ka toshe tayoyin da ke ƙasa da dutse. Kada ka taɓa sa kanka ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita. In motar mai shokozoba ta iska ce ko ta mai, irin su Range Rover, Mercedes mai Airmatic ko Lexus LX, ka sani cewa sensar ce kuma ke gaya wa mota tsayin da za ta tsaya. Ka motsa hannun tana kunne, tana iya saukowa a kanka. Waɗannan a bar wa wanda ya san su.

Haska tocila ta bayan taya, ka bi lowa-am da ido har ka ga siririyar sanda, kaurinta bai kai na fensir ba, tana hawa zuwa wani baƙin ɗan akwati mai waya. Kada ka rikita ta da linkej na sitabilaiza, wanda ya fi ta kauri nesa ba kusa ba.

Abin da aka fi tararwa shi ne sandar ta karye ko ta fice tana reto. Motocin da suka yi shekaru a Kanada, arewacin Amurka ko Jamus sun sha gishirin da ake watsawa a titi lokacin ƙanƙara. Gwiwar sandar ta riga ta ci tsatsa tun can, ta ƙage. Da ta zo nan ta haɗu da gargada da tudun rage gudu, gwiwar da ba ta juyawa sai ta tilasta wa hannun roba ya lanƙwashe har ya tsage. Kama sandar ka ɗan juya ta da yatsa. Mai lafiya tana wasa a hankali ba tare da kwaɗ-kwaɗ ba. In ta tsaya ƙiƙam, ko ka ga jan gari yana zubowa daga robar gwiwa, ka samu mai laifi.

Na biyu, hannun ya juye. Wannan aikin hannu ne, ba lalacewa ba. In aka canza shokozoba, sifirin ko bushin, aka saki lowa-am ya yi ƙasa sosai ba a kwance sandar ba, hannu da sanda kan miƙe su zama layi ɗaya, da aka sauke mota sai gwiwar ta karya ta ɗaya ɓangaren. Komai a ɗaure, babu abin da ya karye, amma sensa tana karanta abu a juye. Duk wanda fitilarsa ta rikice washegarin aikin ƙafa, nan zai fara dubawa. Gyaran bai wuce kwance noti ɗaya, a mayar da hannu, a ɗaure ba. Kuma ba laifi ka tambayi makanike kai tsaye: "Malam, da kuka sauke ƙafar nan, kun cire ƙaramar sandar ko kun bar ta?"

Na uku, an ɗaga mota. Da yawa muna sa roba ko ƙarfe a kan sifirin don ƙasan mota ya daina bugun hanya. Dabara ce mai amfani, amma sensa ba ta san an yi ba. In bayan aka fi ɗagawa, ko baya kaɗai ke da sensa, lissafin kwamfuta ya tashi daga inda masana'anta ta ajiye shi. Sensar lafiya lau take, sabon saiti kawai take buƙata. Haka ma sifirin da ya gaji da lodi ya zauna.

Sauran su ne ƙarfen da ke riƙe da sensa ya lanƙwashe, waya ta goge a jikin ƙarfe, ko ɓera ya ci ta. Zare soket ɗin ka leƙa ciki. Kore ko fari-fari a kan ƙafafun alamar ruwa ne, ko na damina ko na injin wanki mai ƙarfi da ake cusa wa ƙarƙashin mota.

Awo da mita

In ido bai ga komai ba, sai mita. Yawancin sensocin waya uku ke aiki a jikinsu ko da soket ɗin yana da ramuka huɗu ko shida: mai kawo wuta, ta at (wato nagetif), da mai mayar da saƙo. Murɗa makulli dashbod ya kawo wuta, a wasu motocin sai an kunna dim ma. Zare soket, ka auna ta ɓangaren mota. Ya kamata ka samu kusan 5V tsakanin biyu daga ciki. Babu 5V, to sensa ba ta da laifi, bi waya zuwa kwamfuta.

A nan zan ja kunne. Kwan gwaji da masu wayarin ke so, wanda ake maƙala wa batir, ba na wannan layin ba ne. Layin 5V ne mai rauni, in aka tura masa 12V ana iya ƙona kwamfutar da ta fi sensar tsada sau da yawa. Haka nan kada hannu ya je kusa da balas (ɗan akwatin da ke ba kwan zenon wuta) ko bayan kwan zenon fitila tana kunne, don lokacin tashi wutar da ke wurin tana haura 20,000V.

In wuta tana zuwa, mayar da soket, ka soka siririyar allura ta bayansa a kan wayar saƙo, ba ta cikin robar waya ba, don hujin nan shi ne ƙofar ruwa gobe. Kwance sandar daga lowa-am, ka juya hannun a hankali daga ƙasa zuwa sama. Lambar mita ta riƙa hawa sannu a hankali daga wajen 0.5V zuwa 4.5V, a tsakiya tana kusa da 2.5V. Abin da kake nema shi ne tsalle: lamba tana tafiya sai ta faɗi sifili ta dawo, ko ta maƙale wuri ɗaya. Yi a hankali musamman a tsakiya, don nan ne hannun ke yini yana gogawa, nan yake fara cinyewa.

Ta Toyota da Lexus ana iya gwada ta a kan tebur. Jera batir uku na tocila masu 1.5V su ba da 4.5V, ka ba ta wuta, ka auna saƙo. A tsakiya kusan 2.25V, a ƙarshen sama kusan 4V, a ƙarshen ƙasa ƙasa da rabin 1V. Wasu na motocin Jamus kuwa ba haka suke magana ba, bugun wuta suke aikawa mai saurin gaske, mita ta gama-gari ba za ta nuna maka gaskiyarsu sosai ba. Su a duba su ta sikana: buɗe shafin da ke nuna karatun sensa kai tsaye, wani ya danna bayan mota, ka ga ko lambar tana bin motsin.

Gyara ko saye

In sanda ce kawai, ita kaɗai za a canza. Ana samunta daban, kuma tsawonta ya zama daidai da tsohuwar daga tsakiyar gwiwa zuwa tsakiyar gwiwa. Ɗaure ta da waya ko yi mata walda ta zama sandararriya ba gyara ba ne; gwiwar dole ta yi wasa, in ba haka ba hannun sensar ne zai biya.

Tsofaffin sensocin Toyota da Lexus, irin na RX330 da Prius na 2004 zuwa 2009, suna da murfi mai sukurori. In ka buɗe za ka ga ƙananan sifirin uku da ke haɗa wuta tsakanin murfi da allon ciki. Ruwa ya shiga, su yi tsatsa, wani lokaci ɗaya ya narke ya zama gari. In allon bai ci ba, a goge shi da tsumma mai tsabta da ɗan sifirit, a sa sababbin sifirin masu girman, a shafa wa robar murfi man silikon a rufe. Wasu da sifirin biro suke yi, yana kuma aiki, sai dai ba ya jure damshi, don haka ni ina ɗaukarsa na wucin gadi. Na Jamus galibi a liƙe suke, babu abin buɗewa.

In saye ya kama, cire tsohuwar ka tafi da ita, ko Ƙofar Ruwa ce a Kano, ko Panteka a Kaduna, Apo a Abuja ko Ladipo a Legas. Lambar da ke jikinta ita ce hujja, ba "ai duk iri ɗaya ne, Yallaɓai" ba. Ta gaba da ta baya kan yi kama amma ƙarfen riƙonsu da tsawon hannu su bambanta. In ta Baljiyam ce, juya hannun ka ji yana tafiya sumul, leƙa soket, kuma ka yi sharaɗin dawowa da ita in ta faɗi gwaji. Tunda ita ma daga ƙasar gishirin ta fito, gwada ta da mita kafin a ɗaura ya fi a ɗaura a sake kwancewa.

Canzawa

Kashe mota, zare makulli. Kafin ka taɓa sifana, ɗauki hoto da waya mota tana kan tayoyinta, hoton da ke nuna inda hannun ya fuskanta. In notin sandar yana cikin dogon rami mai ba da damar matsawa sama ko ƙasa, kamar yadda yake a wasu Toyota, yi masa alama da fenti ko ƙusa.

Fesa wa notocin man sassauta tsatsa ka bar shi ya jiƙa. Galibi sifana 10 ce. Wajen kwance notin gwiwa, riƙe ƙusar da wata sifanar ta baya, in ba haka ba za ta yi ta juyawa tare da notin, ko ƙarfin ya tafi kan hannun roba. Danna harshen soket kafin ka ja, kuma ka ja soket ɗin, ba waya ba. Robar da ta sha zafi da ƙura tana karyewa kamar ba komai. Sannan kwance ƙarfen riƙo daga jikin mota.

Ajiye tsohuwa da sabuwa gefe da gefe ka kwatanta. Ɗaura sabuwar a jikin mota tukuna, sa soket har ka ji ya ce ƙas, mayar da waya cikin maƙalanta yadda ba za ta taɓa sifirin ko taya ba. Sandar ita ce ta ƙarshe, kuma a ɗaure ta bayan nauyin mota ya dawo kan taya, ana kallon hoton nan. Ɗauri kaɗan ya isa, ƙananan notoci ne.

Saiti, wanda aka fi tsallakewa

Sabuwar sensa ba ta san inda sifilin motarka yake ba, sai an koya wa kwamfuta. Mota a fili mai daidai, iskar taya yadda takardar jikin ƙofa ta ce, but babu kaya, babu kowa a ciki. Danna gaba da baya sau biyu ka saki don ƙafafu su zauna. Goge tsofaffin lambobin matsala.

A Volkswagen da Audi da yawa ana shiga kwamfuta mai lamba 55 a VCDS, a zaɓi saitin tushe rukuni 001, fitilu su tafi matsayin saiti. A nan ne ake murɗa sukurun fitila, sannan a shiga 002 don ta riƙe wurin. A Toyota da Lexus akwai umarnin saita sensar tsayi daga tushe a Techstream. Akwai kuma hanyar haɗa ramuka biyu na soket ɗin sikana da waya, amma ramukan da matakan sun bambanta daga mota zuwa mota, kada a yi ta da ka sai da littafin wannan motar a hannu. Wasu tsofaffin motocin ba sa buƙatar komai, da an kunna sun kama.

Yanzu ne lokacin sukudireba ya yi. A jikin fitila, kusa da sama, akwai lamba kamar 1.0% ko 1.2%. Ma'anarta yawan sunkuyon haske: 1.0% na nufin a nisan mita 10 layin haske ya sauka da santimita 10. Auna daga ƙasa zuwa tsakiyar kwan dim, ka yi alamar wannan tsayin a bango. Ja mota baya mita 10 cif, a miƙe. In tsakiyar kwan yana santimita 70 kuma fitila ta ce 1.0%, shimfiɗaɗɗen ɓangaren layin ya tsaya a santimita 60. Rufe fitila ɗaya da kwali, kada ka jingina shi da gilashin, ka saita ɗayar, sannan ka juya. Ɓangaren da ya ɗan hau sama ya kasance a dama, wajen gefen titi. In a hagu yake hawa, fitilar ta motar Ingila ko Japan ce aka sa maka, kuma babu saitin da zai hana ta shiga idon masu tahowa. Sai an canza ta, ko a juya ɗan maɓallin da wasu fitilun ke da shi a ciki don wannan.

In a baya an riga an murɗa sukurun don ɓoye matsalar, za ka ga hasken ya yi sama ko ƙasa sosai bayan gyara, sai an yi juyi da yawa kafin ya dawo daidai. Yi a hankali, don haƙoran ciki na roba ne.

Daga nan maimaita gwajin mutum uku a baya, ka ga layin ya hau ya dawo kan alli. Fita da motar ka bi hanya mai ɗan gargada, ka dawo ka sake sa sikana. In lambar ta dawo alhali sensa sabuwa ce kuma ta ci gwajin mita, koma kan wayar da ke tsakanin soket da jikin mota, ka riƙa lanƙwasa ta kaɗan-kaɗan kana kallon karatun, don takan karye a ciki robar waje tana nan lafiya.